Taikin Tamalla

A gidanmu ba a ba da tatsuniya kyauta. Duk mai son ji sai ya zo da hannuwansa biyu, domin Kaka takan sa a juye kwandon gyaɗa a tsakiyar tabarma kafin ta buɗe baki. Kana ɓara kana saurare. In hannun wani ya tsaya, ita ma sai ta tsaya, komai daɗin wurin da labari ya kai. Ƙanena Sule ya sha dundu a wurinmu saboda haka, don shi da ya ji an ambaci dodo sai ya saki baki ya saki gyaɗa gaba ɗaya.

Ƙauyenmu ɗan ƙarami ne a ƙasar Damargu, gefen Ollelewa, kuma abin da muka sani shi ne gero da gyaɗa. Abin da nake ba da labari ya faru ne a shekarun farko bayan an sami 'yancin kai, lokacin ina yarinya mai tsawon ƙafa da tsawon baki. Bayan girbi, in sanyi ya sauko, ana idar da sallar lisha sai a hura wuta a ƙofar ɗakin Kaka da karan gero da busasshen kashin shanu. Wutar ba wani haske gare ta ba, hayaƙi ya fi yawa, idanunmu su yi ta zubar da hawaye ba wanda ya doke mu. Gabanka ya yi ɗumi, bayanka ya yi ƙanƙara. Duk da haka ban taɓa jin wani ya ce zai shiga ɗaki ba.

Kaka ita ce uwar Baba, kuma ba Bahaushiya ba ce. Buzuwa ce, sunanta Tekna, ko da yake ba mai kiranta da shi a ƙauyen. A shekarar wata babbar yunwa, tun Nasara na sabon zuwa, uwarta ta biyo ta ƙauyenmu a ƙafa, dabbobinsu sun ƙare, tana riƙe da hannun Tekna, ga ɗan ƙaramin namiji a goye. Ta bar Tekna a hannun wata mata mai sauran gero a rumbu, ta wuce da yaron, ba ta ƙara dawowa ba. A nan Kaka ta girma, a nan ta yi aure, a nan ta haifi Baba. Hausa ta iya ta har da zagi mai gishiri, amma akwai wuraren da harshenta ke tuntuɓe, mu kuwa jikoki ba mu taɓa ƙyale ta ba. In na kwaikwaye ta sai ta murɗe mini kunne ta ce, "Ƙawata, ke da kika iya harshe ɗaya tak kike yi wa mai biyu dariya."

Yaron nan da aka wuce da shi a goye bai mutu ba. Sunansa Agali. Da ya girma ya yi ta tambaya a rijiyoyi da kasuwanni har ya gano yayarsa, kuma tun daga lokacin, duk shekara bayan an kwashe amfanin gona sai ya sauko daga arewa da raƙumansa da awakinsa ya yada zango a gonarmu. Dabbobinsa su ci kara su bar mana taki, Baba ya ba shi gero. Haka ake yi tsakanin makiyaya da manoma a wajenmu, amma namu ya wuce na taki da gero. In Agali ya zo, Kaka takan zama wata mutum daban. Su zauna gefen wuta su yi ta zuba Buzanci, tana dariya har tana tari, irin dariyar da ba ta taɓa yi da Hausa ba.

Wani lokaci sai su bar baki su koma ƙasa. Kaka ta daidaita rairayi da tafin hannu, ta zana wasu alamu da yatsa, da'ira da ɗigo da 'yan sanduna, rubutun Buzaye da uwarta ta koya mata kafin su rabu. Agali ya sunkuya ya duba, ya yi murmushi ta cikin rawaninsa, ya share da hannunsa. Sannan shi ya zana, ita ta share. Wata rana na ce masa don me yake ɓata mata aiki. Kaka ce ta amsa.

"Ba ɓatawa ba ne. A wurinmu wanda ya karanta shi ke sharewa. In ya share, ya ce ya ji ke nan, maganar ta shiga. Mai rubutu ba ya share nasa."

"In ba wanda ya karanta fa?"

"Sai a bar shi a nan, abin kunya ga gidan duka."

Wata shekara aka gama girbi, aka ɗaure damma, aka cika rumbu, Agali bai zo ba. Kaka kullum da yamma sai ta fita bayan danga ta tsaya tana kallon arewa. Wasu makiyayan suka nemi sauka a gonarmu, ta hana Baba ya ba su wuri. Daga baya wani maƙwabcinmu da ya je kasuwar Belbeji ya dawo da labari: Agali ya rasu tun da damina, 'ya'yansa kuma sun canza hanya, sun sami wata gona a yamma. Kaka ta ce Allah ya jiƙansa, ta shiga ɗaki. Ba mu ga hawayenta ba. Amma aka yi kwanaki ana hura wuta ba ta fitowa, mu zauna mu ɓara gyaɗa shiru mu tashi.

Ran da ta fito, ta zauna a wurinta, ta ja mayafi ta rufe ƙafafu. Ita ba ta fara tatsuniya yadda sauran tsofaffi ke farawa. Cewa take, "Ga ta tafe a kan raƙumi," mu kuma mu ce, "Ta durƙusa mu sauke ta." Daren nan da muka amsa, sai ta ce za ta ba mu labarin Tamalla. Ba mu taɓa jin sunan ba.

Ta ce a can farko mutane ba su da magana. Suna noma, suna kiwo, suna haihuwa, amma bakinsu na ci ne kawai. Ko mutum ɗaya ba shi da suna. Mai magana a duniya ita ce Tamalla, wadda ba mutum ba ce kuma ba aljana ba, ita mutanen farko ke yi wa bauta, suna kai mata nonon farko da zangarniyar farko. Tana zaune can arewa inda ciyawa ta ƙare, da wani babban taiki na fata, irin wanda ake labta wa raƙumi gero, kuma duk kalmomin duniya suna cikinsa. Ita kaɗai ke magana, ita kaɗai ke saurare.

Wata rana ta hangi wata mata a kan tudu, ɗanta ya ɓace, rana na faɗuwa. Matar na gudu nan da can, bakinta a buɗe, ba abin da za ta kira shi da shi. Tamalla ta ji tausayi, ta sa hannu a taiki ta ɗauko kalma ɗaya ta sa mata a baki. Matar ta kira, yaron ya amsa daga bayan wata ƙaya. Sai dai da Tamalla ta so ta maimaita kalmar, ta tarar ba ta iyawa. Abin da ta bayar ya bar bakinta ke nan.

Labari ya bazu, mutane suka yi ta zuwa da ƙoransu. Manoma ta ɗebo musu daga wannan kusurwa, makiyaya daga waccan, masu ɗaukar gishiri daga ƙasan taiki, shi ya sa har yau kowa da irin nasa harshe. Ta yi ta rabo har taikin ya kwanta. Na ƙarshe da ya zo wani tsoho ne, ba abin da ya rage sai sunanta, shi ma ta ba shi. Daga ranar mutane na iya kiranta, ita ba ta iya amsawa.

Sai ta tuna akwai gargaɗin da ba ta yi musu ba, ga shi ba ta da bakin yi. Ta durƙusa ta daidaita ƙasa ta yi zane da yatsa. Kaka ta ce mafarin rubutu ke nan, bebiya ce ta ƙago shi don ba ta da wata dabara. Manya suka taru suna kallo, ba wanda ya gane. Wata ƙaramar yarinya ce ta daɗe a tsugune har zanen ya yi mata magana. Abin da ya ce shi ne kalma iri ce, ba a ɓoye ta a rumbu, a kunnen yaro ake shuka ta, kuma duk wadda ta rasa bakin faɗa da kunnen ji za ta koma taiki. Yarinyar ta faɗa wa mutane, sannan ta sa hannu ta share don Tamalla ta san ya shiga.

A nan Kaka ta tsaya, ba don hannun wani ya tsaya ba. Ta gyara kara a wuta, sannan ta ci gaba da murya ƙasa ƙasa.

Ta ce tun daga lokacin Tamalla ke yawo da taikinta, kuma muddin ba komai a ciki ranta fari ne. Amma rijiyoyi na ƙafewa, garuruwa na tashi, tsofaffi na mutuwa da abin da ke bakinsu. Kalmomin da suka zama marayu sai su zube a kufai, ita kuma ta bi tana tsincewa. Duk wadda ta tsinta sai ta dawo bakinta. Yanzu tana da harsuna da yawa da ta iya, kuma ba ɗaya daga cikinsu da ke da mai ji. In ka wuce kufai da magariba ka ji kamar ana kiran yara, ita ce. Haka kuma rubutun da aka bari a ƙasa ba mai karantawa, ita ke zuwa ta karanta, ta share da nata hannun, ya shige taiki, ba a ƙara jinsa.

"Kullum taikin nauyi yake ƙarawa, bayanta har ya lanƙwashe. Ba ta so, kuka take tana tsinta. Ran da ya cika ta koma magana kamar da, to ba sauran wanda zai amsa mata a duniya."

Sannan ta rufe yadda ta saba, ta ce raƙumi ya tashi, kowa ya riƙe abin da ya sauke.

Sule ya ɓata rai ya ce wannan wace irin tatsuniya ce ba dodo ba gizo. Baba, wanda ke zaune can gefe yana gyaran igiya, ya yi gyaran murya.

"Inna, wannan labarin naki da ɗan nauyi. Bauta ta Allah ce shi kaɗai, kada yara su ɗauka."

"Ai na ce musu mutanen farko ne, ba su san salla ba. Tatsuniya ce, Allah ya san da haka. Kai ci gaba da igiyarka."

Da sauran suka tashi ni na maƙale. Akwai tambayar da ke damuna.

"Kaka, naki harshen fa?"

"Nawa ai Tamalla tana bayan danga tana jiransa. Da mu biyu ne, tana jin kunyar shigowa. Yanzu kuwa ni kaɗai ce."

"Amma akwai Buzaye da yawa a kasuwa."

"Akwai. Su ma suna da nasu 'ya'yan. Wa zai bar garkensa ya zo ya zauna da tsohuwar Hausawa? Na gidan nan nake nufi, wanda uwata ta bar mini."

Na ce ta koya mini. Ta dube ni sama da ƙasa ta ce kaina ya fi turmi tauri, amma za ta gwada tunda ba wani. A daren ta zana mini sunana, Ramatu, da alamu uku: da'ira, sai wani kamar ƙofar ɗaki a kwance, sai mai kama da sawun kaza. Na yi ta zanawa tana sharewa, tana zanawa ina sharewa, har wuta ta mutu. Daga baya ta ƙara mini wasu alamun da 'yan kalmomi. Na san aman shi ne ruwa, anna kuma uwa. Koyon a hankali yake tafiya, don da rana akwai rijiya da surfe da raino, da damina kuma kowa gona yake kwana a gajiye. Amma ba ma sauri, muna ganin akwai wani sanyin tafe.

Kafin sanyin ya zo gardi, ɗan sandan gwamnati, ya iso da saƙon sarkin kanto, wato hakimin ƙasarmu, cewa kowane ƙauye ya ba da yara a kai lakwal, makarantar boko ke nan. Masu baki a gari suka san yadda suka yi da nasu 'ya'yan. Baba mutum ne mai sanyi, aka nuna ni, ya ce to. Ran da za a tafi da mu Tanut, Iya mahaifiyata na kuka kamar an yi mutuwa, Kaka kuwa ta ƙulla mini gyaɗa a gefen zane ta ce, "Za su cika miki kai da nasu irin. Ki bar mini ɗan gefe, ko kamar faɗin tabarma ne."

Na so in bar mata, amma lakwal ba ta san da wannan alkawari ba. A can Hausar ma ba a yarda a yi ta a aji ba, balle Buzanci. Na koyi Faransanci, na iya rubutu da alli, malaminmu da muke kira mushe na yabona, ni kuma kaina na ƙara girma. Abin da ya fi cutar da mu shi ne lokaci. Watannin sanyi, lokacin wuta da tatsuniya, ina Tanut. In an ba mu babban hutu damina ta sauka, in tarar da kowa a gona, da dare ba wuta sai sauro da gajiya. Kaka takan jawo ni ta zana abu a ƙasa, in gane sunana in share, sauran in yi ta lalube. Ta ce ba komai, baɗi. Haka muka yi ta cewa baɗi har wasu shekaru suka wuce.

A wani hutun damina na sauka daga mota a bakin hanya, na taka zuwa gida, na tarar gidan ya yi tsit. Iya ta tare ni a ƙofa ta ce Kaka ta faɗi a gindin turmi tun kafin shuka, ɓarin jikinta na dama ya mutu. Da ta farfaɗo kuma sai Hausa ta fita daga kanta gaba ɗaya, kamar ba ta taɓa jin ta ba. Buzanci kaɗai ya rage mata. An yi rubutun sha, an yi turare, wasu suka ce iska ce. Duk wanda ya shiga ɗakin sai ta kama masa gefen zane ta yi ta magana, tana duban fuskarsa, shi kuma ya yi ta gyaɗa kai har ya samu ya zame. Iya da lalube take ciyar da ita.

Wanda ya fi ba ni tausayi Baba ne. Yana yaro abokai sun dame shi da kiran ɗan Buzuwa, sai ya toshe kunnensa, bai ɗauki ko kalma ɗaya daga bakin uwarsa ba. Yanzu in ya dawo gona sai ya zauna a gefen gadonta, tana magana yana cewa, "To, Inna. To." Ko roƙo take, ko faɗa, ko wasiyya, amsarsa ke nan. Na gan shi ya fito ya tsaya bayan rumbu yana goge ido da hularsa. Makiyayan wajenmu duk sun haura arewa da damina. Da Baba ya ga jikin na ƙara tsanani ya aiki mutum a kan jaki zuwa wata ruga ta Buzaye ta wajen Gangara ya zo da mai jin harshen, amma ƙorama ta cika, ɗan aike bai dawo ba tukuna.

Zuwana kuwa sai gidan ya ɗauki murna, abin da ya ba ni tsoro. Ashe Kaka ta daɗe tana zane a ƙasan ɗaki da hannun hagu, Iya ta hana a yi shara a wurin, kaji da ƙafafu ne suka yi ta ɓata shi. Kowa na cewa a jira 'yar lakwal. A ganinsu karatu duk ɗaya ne, wadda ta iya karanta takardar Nasara me zai gagare ta a rubutun tsohuwa a ƙasa.

Da ta gan ni fuskarta ta buɗe, rabin da ke motsi. Ta yi ta magana, na tsinci aman, na tsinci anna, sauran suka wuce ni. Da magariba ta yi ta nuna ƙofa har aka gane so take a fito da ita. Aka shimfiɗa mata tabarma a wurinta na da. Ta nuna inda muke hura wuta. Ba sanyi ake ba, karan ma a jiƙe yake, amma Baba ya hura mata. Duk gidan suka taru, har Sule da ya zama saurayi.

Ta daidaita ƙasa da tafin hagu. Ta daɗe tana yi. Sannan ta fara zane, alama bayan alama, tana hutawa tana ci gaba, layin ya yi tsawo har ya lanƙwasa ya biyo gefen tabarma. Da ta gama ta janye hannunta, ta dube ni.

Na sunkuya. Alamu ukun farko na san su: da'ira, ƙofar ɗaki, sawun kaza. Da ni take. Bayan su na gane fuskar wasu alamun, kamar mutanen da ka taɓa gani a kasuwa amma ba ka san gidansu ba. Ko da na iya furta su duka, kalmomin da za su fito ban san su ba. Na bi layin daga farko zuwa ƙarshe, na komo, na sake bi.

"Me ta ce?" in ji Baba.

"Ban sani ba, Baba."

"Duba da kyau mana, Ramatu. A ƙara wuta."

"Ba wutar ba ce. Ba irin wanda ake koya mana ba ne."

Bai yi faɗa ba, da ma ya yi. Ya dai sunkuyar da kai. Iya, wadda ta san al'adar tun zamanin Agali, ta matso ta raɗa mini in share kawai tsohuwa ta ji daɗi. Na kasa. Kaka ba yarinya ba ce, hankalinta na nan garau a idanunta, kuma ita ta koya mini abin da sharewa ke nufi. Na naɗe hannuwana a cinya ina kuka, ina girgiza mata kai don ta san gaskiya.

Ta daɗe tana kallona. Sannan ta juya ta dubi danga, inda hasken wuta bai kai ba, ta daɗe a nan ma. Ni na san wadda take dubawa, kuma na ji tsoro duk da girmana da lakwal ɗina. Sai ta miƙo hannun hagu ta kama wuyan hannuna da ƙarfin da ban zaci tana da shi ba. Ta kife tafina a kan sunana, ta ja shi a hankali bisa layin, ta bi lanƙwasar, har ƙarshe. Da ƙasa ta koma sumul sai ta dunƙule mini yatsu a kan rairayin da ya maƙale a hannuna, ta riƙe dunƙulen kaɗan, ta sake. Sannan ta nuna a mai da ita ɗaki.

Daga daren ba ta sake kama zanen kowa ba, ba ta sake zane ba. Ta rasu kafin ƙorama ta janye. Da ɗan aike ya iso da wani dattijon Buzu, zaman makoki ya tarar. Ya yi mana gaisuwa, ya tambaya ko ta bar wata magana. Baba ya nuna masa ƙofar ɗaki, wurin da ruwan sama ya riga ya daddale. Ni kuma na tambaye shi labarin Tamalla, ya yi tunani ya ce bai taɓa jin sunan ba.

Na girma na yi aikin koyarwa har na ajiye. Duk inda aiki ya kai ni na haɗu da matan Buzaye sai na tambaya, ba wadda ta san Tamalla. Sai a lokacin na gane Kaka ce ta ƙago ta, a kwanakin nan da ta rufe kanta a ɗaki bayan rasuwar Agali. Ba ta iya ce wa jikokinta tana jin tsoro ba, shi ne ta yi mana tatsuniya. Daga baya na koyi rubutun sosai, na koyi harshen ma gwargwado, da girmana, ina biyan wata mata da sukari da ganyen shayi. Na sha rufe ido in nemi layin nan, amma alamu uku kawai ke fitowa, sauran sun tafi.

Da ina budurwa na ɗauka wayo ta yi wa Tamalla, ta nuna mata an karanta don kada ta shigo. Da na haihu na koma ganin ni ta tausaya wa, ba ta so in rayu da rubutun da na bari a ƙasa. Yanzu da na kai shekarunta ina ganin abin ya fi haka sauƙi, ya kuma fi ciwo. Tana da magana, lokaci ya ƙure, ba ta da inda za ta sa ta sai hannun da ke kusa, ko ya ji ko bai ji ba. Har yau in abin ya faɗo mini a rai sai in ji baƙin ciki kamar jiya aka yi.

Ina zaune yanzu a Yamai wurin ɗana. Jikokina in na yi musu Hausa da Faransanci suke amsa mini. Ƙaramarsu ni na roƙa aka sa mata Tekna. Kwanan baya aka ɗauke wuta da yamma, na jawo ta na ce ga ta tafe a kan raƙumi, ta tsaya tana kallona, ba ta san amsar ba. Na ba ta labarin Tamalla duk da haka, tana cewa in faɗa da Faransanci, ina ƙi. Gidan duk siminti ne, ba ƙasa, sai na zuba garin tuwo a faifai na daidaita, na rubuta mata sunanta da alamun Kaka. Ta leƙa ta yi dariya, ta ce kamar kaza ta bi ta kai. Ina shirin nuna mata ta farko sai wuta ta dawo, ta ji 'yan'uwanta sun yi ihu a falo, ta tashi da gudu.

Na zauna da faifan a cinya. Ni na rubuta, ba ni da ikon sharewa, hannun da zan kama kuma ya tafi. Sai na ɗauko ƙwarya na kife a kai, na ɗora shi can sama inda ba a taɓawa, na ce wa surukata ta nemi wani garin ta yi tuwon dare.